Tun da na saki uwarsu ɗana ya koma fitsarin kwance

Tambaya: Salam likita. Wata biyar kenan da na rabu da matata, na karɓe yarana suna wajen Hajiyarmu. Babban ɗan shekara 7 ya koma fitsarin kwance, ya daina wasa, malaminsu ma yana ƙorafi. 'Yan uwa sun ce uwar ce ta yi masa asiri, wai kar in bari ta ƙara ganinsa har ya manta da ita. Wallahi hankalina a tashe yake.

Amsa: Wa'alaikumus salam ɗan uwa, Allah ya ba shi lafiya. Ka fara kai shi asibiti a gwada fitsarin, a duba sanyi da suga. In ba a ga komai ba to kewa ce da tsoro, mun saba gani, kuma don Allah kar a dake shi ko a tara yara su yi masa ature.

Amma maganar nan ta "a raba shi da ita ya manta" ita ke ci min tuwo a ƙwarya, kullum sai na ji ta. Wane yaro ne ya taɓa manta uwarsa? Shiru kawai yake yi don ya lura in ya ambace ta fuskoki na canzawa, sai manya su ce ai ga shi ya haƙura, alhali a cikinsa yana ganin ko shi ya jawo, ko ta gudu ne ta bar shi. Sai a kwashe shi zuwa wajen mai hayaƙi, a karɓe kuɗinku, a gaya wa yaro uwarsa ce ke neman halaka shi. Haba jama'a!

Mavis Hetherington ta Jami'ar Virginia a Amurka ta bi iyalai kusan shekara 30, ta samu kashi 75 zuwa 80 na 'ya'yan da iyayensu suka rabu sun tashi lafiya lau. Paul Amato da Bruce Keith kuma a 1991 sun haɗa bincike 92, suka ga rigimar iyaye ce babbar mai cutar da yaro. Zagin uwarsa a gabansa, aikensa da baƙar magana, bugun cikinsa don jin me take yi, duk suna ciki.

Kuma a Malikiyya da muke bi riƙon yaro haƙƙin uwa ne har ya balaga, in ta yi wani auren ya koma hannun kakarsa ta wajen uwa, kai naka ciyarwa. Tambayi kowane alƙali.

Yau ɗin nan ka kira ta a waya ka miƙa masa, sannan ku tsayar da ranakun da zai riƙa zuwa wajenta, ya san su, kar a saɓa. In bayan wata biyu babu sauƙi ka kai shi ɓangaren lafiyar ƙwaƙwalwar yara.