Me ya sa janar ke wucewa kamar walƙiya a tsohon fim?

Tambaya: Malam, na kalli tsohon fim na dawowar janar ɗin Birtaniya Lord Kitchener Ingila daga yaƙin Boer na Afirka ta Kudu. Gajere ne ƙwarai, mutane na ta sauri, shi gogan kuwa da ƙyar na hango shi. Sakacin masu ɗauka ne?

Amsa: Ba sakaci ba ne, Malam, iyakar ƙarfin na'urar ke nan. Kitchener ya sauka a tashar jiragen ruwa ta Southampton ranar 12 ga Yuli, 1902. Kyamarar zamanin akwatin katako ce a kan ƙafa uku, da hannu ake juya ta. Juyi biyu a daƙiƙa na ba da hoto kusan 16, wato tsawon ƙafa ɗaya na fim mai faɗin milimita 35. Ka ga naɗin ƙafa 100 bai wuce minti ɗaya da daƙiƙa 40 ba. In mai ɗauka ya yi garaje, fim ya ƙare a kan dawakan rakiya tun keken dokin janar bai iso ba. In ya yi nawa, sai ƙeya. Ga shi ba a jawo nesa kusa yadda ake yi yanzu, don haka kama wuri tun da sassafe, inda ya ɗara kan jama'a kuma rana na bayansa, shi ne rabin aikin.

Saurin da ka gani yawanci laifinmu ne: abin da aka ɗauka a hoto 16 a daƙiƙa muke haskawa a 24. Hannun mai juyi ma kan saɓa, in ya sassauta sai tafiya ta koma gudu. Fim ɗin kuma ba ya ganin ja, shi ya sa jar riga ke fita baƙa, sama kuwa fari fat.

Da an gama sai a ruga a wanke, a shanya, a buga kwafi, domin labari ba ya son kwana. Tun 1896 Robert Paul, wani mai shirya fim ɗan Ingila, ya ɗauki sukuwar Derby ya haska ta washegari a Landan. Amma a lura, lokacin Kitchener gutsattsari ake sayar wa masu majigi, ana kuɗi bisa tsawon ƙafa. A Birtaniya, fim ɗin labarai mai fitowa a kai a kai sai 1910, da kamfanin Pathé ya fara nasa.