Sunan da ke jikin motar nakiya

Jiya muna zaune a inuwa muna jiran a ba da izinin komawa rami, ka tambaye ni wane ne wannan Orica da kake gani a jikin motoci a hanyar Tarkwa, kuma me ya kawo kamfanin Ostiraliya har Gana yana sayar da nakiya. Ban ba ka amsa a lokacin ba, hankalina na kan ramukan da muka ɗura. To, ga ta yanzu, ɗana.

Zinariya ce ta haife shi, kamar yadda ita ce ta tara mu a nan. A 1874 aka kafa wani ƙaramin kamfani mai suna Jones, Scott and Co., yana kai wa masu haƙar zinariya nakiya a jihar Victoria ta Ostiraliya. Daga baya ya faɗa hannun kamfanin Nobel. Wannan suna ka riƙe shi, don kakan sana'armu ne. Alfred Nobel da wani ruwa ya fara aiki mai suna nitrogilisirin, wanda girgiza kaɗai kan iya tayar da shi. A 1864 ruwan nan ya tashi a Stockholm ya kashe ƙanensa Emil. Bai bar aikin ba. Ya jiƙa ruwan a cikin wata irin ƙasa mai shanye shi, aka samu abin da za ka ɗauka a hannu ka kai rami lafiya, ya yi masa rajista a 1867 da sunan dainamait.

A 1926 kamfanin Nobel na Ingila ya haɗu da wasu uku suka zama babban kamfanin sinadarai na ICI, reshen Ostiraliya ya ci gaba a ƙarƙashinsa shekara da shekaru. A 1997 uwar kamfanin ta sayar da kasonta, a 1998 reshen ya koma Orica, hedikwatarsa a Melbourne. A 2006 ya sayi ɓangarorin abokin hamayyarsa Dyno Nobel na Turai da Afirka da Asiya da Latin Amurka. Har fenti ya taɓa sayarwa, Dulux, kafin ya rabu da shi a 2010.

Amma abin da nake so ka gane ya wuce shekaru. Tun daga Nobel har yau, kokawar ɗaya ce: a samu nakiyar da ba za ta tashi ba sai lokacin da ka ce ta tashi. Dubi motar da ke zuwa mana. Abin da ke cikin tankinta kamar kunu mai kauri yake, tushensa amoniyam naitret, ɗan'uwan takin zamani, irin wanda Orica ke yi a masana'antunsa na Kooragang da Yarwun a Ostiraliya. A cikin tanki bai gama zama nakiya ba. Sai mesa ta shiga rami, motar ta haɗa shi da abin da zai farkar da shi, sannan ya zama abin tsoro. Kakanninmu da akwatunan dainamait suke hawa dutse. Mu kuwa rabin haɗarin an cire mana shi tun daga hanya.

Sai detoneta, abin da ke tayar da nakiyar. Ka ga ƙaramin nan da bai kai biro tsawo ba? Na zamani akwai ƙwaƙwalwar lantarki a cikinsa, kowane rami a sa masa lokacinsa da kashi ɗaya cikin dubu na daƙiƙa. Kai a kunnenka ƙara ɗaya ce, amma layin gaba ne ke fara tashi ya ba na baya wurin faɗawa. Idan lissafin ya yi daidai, dutse ya zube wuri ɗaya, ƙasa ba ta girgiza gidajen ƙauye ba, injin niƙa ya samu abin da zai iya haɗiya. Idan ya kuskure, ka ga dutse ya kai girman ɗaki zaune a tsakiyar fili. Shi ya sa nake matsa maka kan awon zurfi da toshe bakin rami da tsakuwa. Ramin da ba a toshe da kyau ba, ƙarfinsa sama yake tafiya.

Ɗaya ƙafar kamfanin kuma sayanaid ne, gubar da ke narkar da zinariya ta rabu da dutsen da muka fasa. Yana yin sa a Yarwun, a 2024 kuma ya sayi Cyanco na Amurka mai irin wannan aiki. Ka ga kenan daga rami har wurin tace zinariya hannunsa na ciki.

Kada girman suna ya sa ka saki jiki. A watan Agusta 2011 wani sinadari mai guba ya tsere daga masana'antar Kooragang ya sauka kan gidajen unguwar Stockton, kuma an daɗe ana zargin jinkirin sanar da mutane. Mu ma nan ba mu manta Apiate ba, kusa da Bogoso, a Janairun 2022. Motar nakiyar da ta tashi a can ta wani kamfani ce daban, ta yi karo da babur, wuta ta kama, mutane suka matso kallo, gari ya rushe. Har yau idan na wuce wurin sai na yi shiru.

Gobe kai za ka riƙe littafin ƙidaya. Detoneta nawa suka fito daga ma'ajiya, nawa suka shiga rami, nawa suka koma, dole lissafi ya haɗu kafin kowa ya tafi gida. Bayan an tayar, ba ka motsa daga inda na tsayar da kai sai hayaƙi ya washe na duba na kira ka. Idan ka hango waya tana leƙowa daga cikin tarin dutse, kada ka ja ta. Ka sa alama, ka koma da baya, ka zo ka faɗa mini.