Dalilin da ya sa Jollibee ya fi McDonald's kasuwa a Filifin

Ka tambayi yadda aka yi Jollibee, kamfanin gidajen sayar da abinci na cikin gida, ya sha gaban McDonald's, takwaransa na Amurka, a ƙasar Filifin. A ganina, sirrin yana cikin shinkafa da zaƙi. Tony Tan Caktiong ya fara ne da shagon sayar da ayis kirim a birnin Kezon a 1975, ya mayar da shi Jollibee a 1978, saboda haka lokacin da McDonald's ya iso a 1981 ya tarar da wanda ya riga ya san bakin mutanensa.

Mutumin Filifin yana cin shinkafa safe da rana da dare, kuma idan babu ita ba ya jin ya ci abinci. Shi ya sa ake kawo soyayyen kajin Jollibee tare da curin shinkafa da ɗan kofin romo mai kauri, taliyarsu kuwa miyarta zaƙi gare ta, da yankakken tsiran nama a ciki. Dole McDonald's ma ya sa shinkafa da taliya cikin abincinsa a can. A 2010 Jollibee ya sayi mafi yawan hannun jarin Mang Inasal, gidan gasasshen kaji da ya shahara wajen ƙara wa mai ci shinkafa har sai ya ƙoshi.