Albashi ya daina isa, na daina shiga mutane: ko hakan zai taɓa lafiyata?

Tambaya: Likita, ni ma'aikacin gwamnati ne a Kaduna, shekarata 52. Tun da aka cire tallafin mai na jingine motata. Biki da suna na daina zuwa, don ba ni da abin gudummawa, har majalisarmu ta ƙofar gida na ƙaurace mata. Yanzu ga rashin barci, ga ciwon kai. Ko zaman kaɗaicin nan ne?

Amsa: Malam, Allah ya kawo sauƙi. Ƙwarai kuwa, yana iya zama shi ne.

Daga Mayun 2023 zuwa ƙarshen 2024, litar mai ta tashi daga ƙasa da naira 200 zuwa sama da 1,000, hauhawar farashi kuma ta haura kashi 34 cikin ɗari. Mai matsakaicin hali irinka shi ne a tsaka mai wuya: ba ya iya roƙo, kuma har yanzu dangi shi suke kallo. Sai kunya ta kulle shi a ɗaki. Wannan kunyar ce ta fi damuna, domin ina ganinta a ɗakin duba marasa lafiya: dattijo sanye da kaftaninsa mai guga, awon jininsa ya kai 170, ka tambaye shi yaushe rabonsa da zama da abokai, sai ya sunkuyar da kai.

Jiki yana ɗaukar kaɗaici kamar haɗari. Sinadaran damuwa suna ƙaruwa, jijiyoyin jini suna takura, barci ya lalace. Rahoton da babban likitan gwamnatin Amurka na wancan lokacin, Vivek Murthy, ya fitar a 2023 ya kwatanta illar rashin cuɗanya da shan sigari har kara 15 a rana, ya ce tana ƙara haɗarin ciwon zuciya da kashi 29, shanyewar ɓarin jiki da kashi 32.

Ka fara da auna hawan jininka a cikin makon nan, kada ka tsaya ga shan Panadol. Sannan ka koma majalisa, ko da hannu rabbana. Dubiya da jana'iza da sahun sallah ba sa buƙatar kuɗi, kuma na tabbata yawancin waɗanda kake jin nauyinsu su ma lissafin kuɗin makarantar yara ne ya hana su barci. Zaɓi mutum ɗaya da ka yarda da shi, ka faɗa masa halin da kake ciki, uwargida ma kada ka ɓoye mata.

Idan baƙin cikin ya wuce mako biyu, abinci ya fita ranka, ko ka fara jin gara mutuwa, to ka ga likita ba tare da jinkiri ba. Asibitin ƙwaƙwalwa na tarayya da ke Barnawa yana kusa da kai.