Hukuncin Ƙagaggen Labarin da Zamani Yake Rabuwa Rassa-Rassa

Tambaya: Allah gafarta Malam, ni ɗalibi ne daga wani ƙauye a ƙasar Ringim, ina rubuta ƙagaggen labari ina tura wa abokaina ta WhatsApp. Na ƙirƙiro wata masarauta da ba a taɓa yin ta ba, inda yarima ya zo bakin kogi lokacin ambaliya, sai zamani ya rabu biyu: a reshe ɗaya ya shiga kwalekwale ya nutse, ƙaninsa ya gaji sarauta, a ɗayan kuwa ya fasa, ya rayu har ya zama sarki. Kowane reshe yana ƙara rabuwa, kuma akwai wata tsohuwa da take ƙetarawa tsakaninsu ta cikin rijiya. Kawuna ya karanta ya ce wannan ƙaryata ƙaddara ne, in tuba in goge. Mene ne hukunci?

Amsa: Da sunan Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa. Ɗana, kawunka bai ji tsoron banza ba, domin imani da ƙaddara, alherinta da sharrinta, rukuni ne daga rukunan imani 6 da suka zo a hadisin Jibrilu, kuma Muslim ya ruwaito daga Abdullahi ɗan Amru cewa Allah ya rubuta ƙaddarorin halitta tun kafin ya halicci sammai da ƙasa da shekara 50,000. Abin da ya auku shi kaɗai ne ya auku, babu wata duniya a gefe da wanda muka binne jiya yake ci gaba da noma gonarsa. Duk wanda ya ƙudurce saɓanin haka ya faɗi abin da ba shi da hujja a kansa. Amma ƙudurcewa daban, sawwala abu a zuciya daban, kuma a nan ne hukuncin labarinka ya rataya.

Malaman aƙida suna cewa Allah ya san abin da ya kasance, da abin da zai kasance, da abin da bai kasance ba, da ya kasance yadda zai kasance. A Suratul An'am, aya ta 28, ya ba da labarin waɗanda za su roƙi a mayar da su duniya, ya ce da za a mayar da su, da sun koma ga abin da aka hana su. Yaron da Halliru ya kashe a Suratul Kahfi, ya zo a Sahihu Muslim cewa da ya rayu da ya jefa iyayensa cikin ƙetare iyaka da kafirci. Annabi (SAW) da kansa, a hajjin bankwana a shekara ta 10 bayan hijira, ya ce da ya san tun farko abin da ya sani daga baya, da bai koro hadaya ba. Ka ga ambaton hanyar da ba a bi ba bai zama ƙaryata ƙaddara ba, in ba haka ba da malaman fiƙihu sun shiga laifi, su da suke kwana suna ƙaddara mas'alolin gado da ba su taɓa faruwa ba don su horar da ɗalibai.

Game da ƙaga labarin kansa, akwai malaman da suka ƙyamace shi, suna kafa hujja da hadisin da ya yi narko ga mai ƙarya don ya ba mutane dariya. Ina girmama ra'ayinsu, sai dai abin da ya fi ƙarfi a wurina shi ne ƙarya tana tabbata ne inda ake son mai sauraro ya gaskata. Yaron da ya ji "ga ta nan, ga ta nanku" ya san abin da zai biyo baya tatsuniya ce. Maƙamatul Hariri, wanda ake karantawa a zaurukanmu tun kaka da kakanni, maƙama 50 ne da aka gina a kan mutanen da marubucin ya ƙaga, kuma manyan malamai sun yi masa sharhi ba su ƙone shi ba.

Saboda haka labarinka halal ne a asalinsa, ba sai ka goge ba, kuma babu ridda a cikinsa da za a ce ka tuba daga gare ta. Amma halaccin yana da iyaka. Kada ka sa Allah, ko annabawa, ko mala'iku, ko sahabbai a cikin waɗannan rassa, kada kuma ka ɗauko tarihin Musulunci na gaske ka juya shi, kamar ka rubuta reshen da aka ci Musulmi a Badar. Ka bar kowane reshe ba tare da wani abin bauta nasa ba. Tsohuwar nan ita ce inda na fi tsayawa: in tana wucewa ne tana gani tana ɗaukar darasi, babu laifi, amma in ka ba ta ikon rubuta ajali da share shi, ka ba halitta sifar Mahalicci, kuma wannan ko a ƙagaggen labari ban halatta maka shi ba. Ka gyara wurin.

Akwai kuma abin da ya fi damuna, shi ne zuciyar mai karatu. Kai ɗan ƙasar Ringim ne, ka san ruwa yakan ci mutane a yankinku da na Haɗeja, kuma mai yiwuwa cikin masu karanta labarinka akwai wanda ɗan'uwansa ya shiga kwalekwale bai dawo ba. Bayan yaƙin Uhudu munafukai sun ce game da shahidai da sun bi maganarmu da ba a kashe su ba, Allah ya mayar musu da martani a Suratu Ali Imrana, aya ta 168. Wannan ita ce "da na sani" da Annabi (SAW) ya ce tana buɗe aikin Shaiɗan, ya umarce mu mu ce Allah ne ya ƙaddara, abin da ya so shi ya aikata. In labarinka yana koya wa mai makoki cewa da an fasa tafiyar da mamacin yana raye, to ya cutar, sai ka sake masa salo. Ka rubuta a farkonsa cewa ƙagagge ne, sannan ka kai wa kawunka wannan amsa cikin ladabi, ka nuna masa gyaran da ka yi. Allah ne mafi sani.