Yadda wasu ƙwayoyin bakteriya ke rayuwa da guba inda babu iskar oksijin

Malam, ka tambaya daga Garwa ko da gaske akwai halittar da ke rayuwa cikin baƙar laka mai wari a ƙasan kwatami, inda iska ba ta shiga. Akwai ƙwarai.

Mu da oksijin muke ƙona abinci a jiki, su kuwa waɗannan ƙwayoyin suna amfani da wasu sinadarai a madadinsa. Warin ruɓaɓɓen ƙwai da kake ji a kwatami ko a lakar bakin kogin Binuwai aikin ƙwayoyin da ke shaƙar salfet ne, wato wani sinadari mai ɗauke da farar wuta, kuma iskar da suke fitarwa tana iya kashe mai yasar masai idan ta taru a rami.

Wadda ta fi burge ni ita ce Geobacter, da aka gano a lakar kogin Potomak na Amurka a 1987, domin tana mayar da yuraniyam da ya narke cikin ruwa ya daskare ya kwanta, shi ya sa aka gwada ta wajen tsabtace ruwan ƙarƙashin ƙasa. Sai dai ba duka ke gyara ba, tunda wasunsu suna mayar da zaiba nau'in da ya fi dafi, wanda ke taruwa a jikin kifi.