Lambun 'Ya'yan Itatuwa da Sauyin Yanayi: Amsoshin Wasiƙun Manoma

Wasiƙun da suka taru a gabana a wannan karo kusan kukansu ɗaya ne, wato lokutan da muka gada sun daina tsayawa inda muka san su. Hunturu kan makara, ko ya zo babu sanyin kirki, bazara ta yi zafin da ke ƙona ganye, damina kuma ta sauka da wuri ta ɗauke, daga baya ta dawo da ambaliya. Mai gero yana iya sake shuka idan ta farko ta lalace, amma wanda ya dasa mangwaro ko lemu ya ƙulla alkawarin shekara talatin da ƙasarsa, don haka na fahimci damuwar da ke cikin waɗannan wasiƙu.

Wani manomi daga yankin Zariya ya rubuto cewa yana da mangwaro 'yan aure guda 60 masu shekara tara, bana kuma maimakon huda sai sabon ganye suka fitar, kuma mai shagon magani ya ba shi shawarar sayen wani ruwa da ake zubawa a gindi don a tilasta wa bishiya yin fure.

Malam, ka riƙe kuɗinka tukuna. Abu biyu ne ke sa mangwaro ya yi huda a ƙasarmu, sanyin dare da ƙishirwa. Idan dare ya yi sanyi ƙasa da digiri 20 na wasu makonni, ƙasa kuma ta bushe, tohon da ke kan reshe sai ya zama fure. Idan dare ya yi ɗumi kuma gindi na da laima, ganye zai zama. Sanyi ba a hannunka yake ba, amma ƙishirwa a hannunka take, kuma a wasiƙarka ka faɗa da kanka cewa kana noman tumatur da albasa a tsakanin bishiyoyin, kana ban ruwa tun daga Oktoba, kana kuma zuba takin yuriya. Bishiyar da ke shan ruwa da taki a wannan lokaci ba ta da dalilin yin fure. A shekarun da sanyin hunturu ke da ƙarfi yana rufe wannan kuskure, amma yanzu da ya rage ƙarfi sai kuskuren ya bayyana. Ka ɗauke kayan lambun daga ƙarƙashin inuwarsu, ka hana su ruwa na kimanin wata biyu bayan ɗaukewar damina, kada ka mayar sai ka ga 'ya'ya sun ƙulla. Sassaben rassa kuwa ka yi shi da zarar ka gama tsinka, domin sabon reshe ya samu watannin da zai ƙosa kafin sanyi ya shigo.

Maganin da aka nuna maka, wanda sinadarinsa ake kira fakulobutrazol, yana aiki a manyan gonakin da ke da awo da isasshen ruwa da taki. Sai dai yana daɗewa a ƙasa, kuma idan aka wuce ƙima yana tsuke rassa ya tsumburar da bishiya na shekaru. Ban yarda a zuba shi da murfin kwalba bisa ƙiyasin mai shago ba.

Wata baiwar Allah daga Gusau ta tambaya ko za ta yi feshin maganin ƙwari lokacin da mangwaronta ke cikin fure, saboda ta ga ƙudaje sun yi yawa a kai. Kada ki yi, Hajiya, domin waɗannan ƙudaje da ƙudan zuma su ne ke yi wa furen barbara, kuma idan kika kashe su kin kashe amfanin bana.

Daga Azare an tambayi dalilin da ya sa ƙananan 'ya'ya ke zubewa a watan Maris da Afrilu. Zubewar wani kaso ɗabi'ar mangwaro ce, domin ba ya iya rainon duk abin da ya ƙulla, amma zafi da busasshiyar iska suna ƙara ta. Mun ga bazarar 2024, lokacin da garin Kayes na ƙasar Mali ya kai digiri 48.5 a farkon Afrilu, mu ma nan ba mu tsira ba. A haƙa kwarin ban ruwa daidai inda inuwar rassa ta ƙare, domin can saiwar da ke sha take, a cika shi sosai sau ɗaya a mako da yamma, sannan a rufe ƙasa da ciyawa ko buntun shinkafa mai kaurin tafin hannu, a bar tazara tsakaninsa da jikin bishiya saboda gara. Yayyafin kullum da bokiti ɗaya yana jawo saiwa sama ne inda rana za ta dafa ta.

Yanzu sai wasiƙar da ta fi tsaya mini a rai, wadda ta zo daga kudancin Kaduna, kuma irinta na samu daga Neja da Taraba. Mai lambun ya ce mangwaronsa na ƙarshen kaka suna da kyau a ido, amma idan aka yanka sai a tarar da tsutsa da ruɓa, dillalai sun dawo masa da kwanduna, kuma ya yi feshi sau shida da magani iri uku ba tare da ya ga bambanci ba.

Wannan aikin ƙudan 'ya'yan itace ne, kuma ina roƙon masu karatu su yi haƙuri in tsawaita a kansa. Muna da namu na asali tun da, amma wanda ya fi ɓarna yanzu baƙo ne daga Asiya, masana na kiransa Bactrocera dorsalis. An fara ganinsa a Afirka a ƙasar Kenya a 2003, kuma cikin 'yan shekaru kaɗan ya mamaye Afirka ta Yamma. Ya ɗan fi ƙudan gida girma, yana da ratsin rawaya a jiki, fikafikansa kuma garau suke. Macen tana huda fatar ɗan itace ta saka ƙwai a ciki, ba ta barin alama sai ɗan ɗigo baƙi, wani lokaci da ɗan danƙo a bakinsa. Cikin kwana biyu ƙwan ya ƙyanƙyashe, tsutsar ta ci nama na kimanin mako guda ko fiye, ɗan itacen ya faɗo, ta fita ta shige ƙasa, bayan kwana goma ko makamancin haka ta fito a sabon ƙuda. Mace ɗaya tana iya saka ɗaruruwan ƙwai a rayuwarta.

Duk wanda ya fahimci wannan zagaye zai gane dalilin da ya sa feshin nan shida bai yi amfani ba. Ƙwai da tsutsa suna cikin nama inda magani ba ya kai wa, na cikin ƙasa kuma suna kwance lafiya, sai wanda ke yawo kaɗai feshin zai samu, shi ma gobe wani zai taso daga lambun maƙwabci. Abin da feshin ya kashe tabbas shi ne ƙwarin da ke taimakonka, sannan ya bar guba a kan abin da yara za su ci.

Alaƙar wannan ƙwaro da yanayi kuwa a fili take. Yana son ɗumi da laima, kuma yawansa yana hauhawa da zarar ruwan farko ya sauka. Idan huda ta makara saboda rashin sanyi, nuna ma za ta makara, sai mangwaro ya faɗa tsakiyar lokacin ƙuda. Haka nan idan ruwan bazara ya zo da wuri. Shi ya sa irin da ke nuna a ƙarshe, kamar Kent da Keitt, suka fi shan wahala, masu nuna da wuri kuma sukan tsere.

Magani na farko, wanda na faɗa har na gaji da faɗa, shi ne tsince duk ɗan itacen da ya faɗo, aƙalla sau biyu ko uku a mako. Na sha shiga lambu in tarar da mai shi ya kashe kuɗi masu yawa a kan magani, alhali ƙarƙashin kowace bishiya ruɓaɓɓen mangwaro ne shimfiɗe yana tsami, idan ka ɗaga ɗaya da sanda sai ka ga farar tsutsa tana tsalle tana neman ƙasa. Wannan shi ne gidan rainon ƙudan, kuma da hannunmu muke bar masa. A zuba abin da aka tsinta a baƙar leda mai kauri wadda ba ta da huda, a ɗaure bakinta, a ajiye ta a rana kwana biyu zuwa uku har zafi ya kashe tsutsar, sannan a juye a ramin taki. Wanda ba shi da leda ya haƙa rami mai zurfin da ya wuce rabin mita ya binne, ko ya ba dabbobi tun a ranar. Watsar da shi a bayan shinge daidai yake da barinsa a gindi.

Na biyu shi ne tarko. Akwai wani sinadari mai suna metil yujinol da ke jawo namijin wannan baƙon ƙuda daga nesa. A samu robar ruwa, a huda ta wuri huɗu kusa da wuya, a rataya auduga a ciki da aka ɗiga wa sinadarin tare da ɗan maganin ƙwari, a rataye ta a cikin inuwar rassa. A kafa shi tun 'ya'ya suna ƙanana, a riƙa sabunta audugar bisa umarnin da ke jikin kwalbar. Amfaninsa biyu ne, yana rage maza, yana kuma gaya maka ranar da ƙuda ya fara yawa. Sai dai ba ya kama mata, kuma ba ya jan ƙudanmu na asali, don haka akwai wani abincin tarko mai haɗe da guba kaɗan da ake fesawa a ɗan ɓangaren ganye na kowace bishiya, a bar sauran jikinta babu magani. Wannan ya fi wanke lambu da guba sauƙin kuɗi nesa ba kusa ba.

Na uku, jajayen tururuwan nan da ke ɗinke ganye su yi gida a kan mangwaro da kashu, waɗanda masu tsinka ke ƙonewa saboda cizo, abokan aikinka ne, domin ƙuda yana gudun bishiyar da suke. A shafa toka a hannu da ƙafa lokacin hawa, a ƙyale su. Sannan a tsinke mangwaro da zarar ya ƙosa, kafin ya yi laushi a sama, kuma a sa ido a kan gwaiba da lemun da ke kusa, domin a kansu ƙudan ke rayuwa idan mangwaro ya ƙare. Duk wannan ba zai yi cikakken tasiri ba sai masu lambunan da ke jere sun haɗa kai sun yi shi a mako guda. Wanda kuma bishiyoyinsa duk masu makara ne, ya sare kan wasu ya yi musu sabon aure da irin da ke nuna da wuri, cikin shekara biyu zuwa uku za su dawo haihuwa.

Daga kwarin Haɗeja wani ya ce ambaliyar 2022 ta kashe masa gwanda gaba ɗaya da rabin lemunsa, amma gwaiba ta rayu, yana tambaya ko ya sake dasa abin da ya rasa. Gonarka ta riga ta ba ka amsa, Alhaji. Gwanda ba ta jure kwanciyar ruwa ko da na kwana biyu, lemu kuma yana kamuwa da ruɓar gindi mai fitar da danƙo idan ruwa ya daɗe yana taɓa jikinsa. Ka bar kwari ga gwaiba, ka kai gwanda da lemu tudu, ka dasa su a kan tulin ƙasa mai tsayin gwiwa da magudana a tsakanin layuka, kuma mahaɗin auren lemu ya kasance sama da ƙasa da kimanin taƙi guda. Bayan abin da ya faru a Maiduguri a Satumbar 2024 da ɓallewar madatsar Alau, bai kamata mai lambun da ke gefen kogi ya ɗauki ambaliya a matsayin abin da ba zai maimaitu ba.

Wani matashi daga Maraɗi ya ce sau uku yana dasa mangwaro a gonar tudu suna mutuwa a bazara, kuma rijiyarsa tana ƙafewa. Ɗana, idan ruwanka bai kai ba, ka sauya bishiya. Magarya 'yar aure, wadda cibiyar binciken noman yankuna masu ƙarancin ruwa ta ICRISAT da ke Sadore kusa da Yamai ta yaɗa, tana ba da 'ya'ya manya masu kasuwa da ruwa kaɗan, kuma ana iya yin auren a kan magaryar da ta tsiro da kanta a gonarka. Ga mangwaron da ka nace sai ka dasa, ka yi masa rami mai siffar rabin wata ya tare ruwan sama, ka binne tulun ƙasa marar fenti a gefensa har wuya, ka riƙa cika shi kana rufewa, ruwan zai riƙa tsattsafowa a hankali zuwa saiwa. Ka yi masa rumfar kara a shekarar farko, ka kuma dasa layin darbejiya ta gefen da iskar hunturu ke bugowa, nesa da yadda saiwarta ba za ta ƙwace ruwan ba.

Mai tambaya a kan ɓawon bishiyar lemu da ke tsagewa ta gefen yamma, ƙunar rana ce, a shafa wa gangar jikin farar ƙasa da aka dama da ruwa, a kuma daina aske rassan da ke yi mata inuwa.

Tambayar ƙarshe daga Bici take, a kan lokacin dasawa da inda za a samu iri. Kada ruwan farko ya ruɗe ka, domin yakan sauka sannan a yi mako biyu ko uku babu ɗigo. Ka saurari hasashen da hukumar kula da yanayi ta Najeriya, NiMet, ke fitarwa a farkon kowace shekara, ka haƙa ramukanka ka zuba ruɓaɓɓen taki tun cikin bazara, ka jira sai laima ta kai zurfin kamu guda kafin ka dasa, kuma da yamma. Iri kuwa ka nema a wurin da za a iya nuna maka uwar da aka yanko shi, kamar reshen cibiyar binciken kayan lambu ta NIHORT da ke Bagauda a Kano ko na Daɗin Kowa a Gombe, dabino kuma a reshen cibiyar binciken kwakwar manja ta NIFOR da ke Dutse. Ka haɗa mai nuna da wuri da na tsakiya, ka sa gwaiba ko kashu a gefe, kuma ka dasa adadin da rijiyarka za ta iya shayarwa a watan Afrilu.